Nasidi, Mai Tsaron Kurum

Duk wanda ya taɓa yada zango a Tungar Maɗaci, ɗan ƙauyen nan da ke tsakanin Katuru da Zurmi, ya ji muryar Nasidi ko da bai ga fuskarsa ba. Shi ne sanƙiran garin, wato mai yi wa Magaji, mai garin, shela. Gajere ne siriri, in ka gan shi zaune gindin maɗaci yana tauna goro sai ka rantse iska mai ƙarfi za ta iya tafiya da shi. Amma bari ya miƙe ya dafe kunne da hannu ɗaya ya ce "Jama'a!" Awaki su watse, jarirai su farka, mai ɗauke da tulu ta tallafe shi da hannu biyu. Fulanin da ke ruga bayan fadama sun sha cewa ba sai an aiko musu da labarin gari ba, daga can suke jin tunkiyar wa ta ɓace da gidan da aka yi haihuwa.

Ba shelar kaɗai ba, shi dai Allah ya yi shi da surutu. Yana yi wa jakinsa hira a hanyar gona, yana yi wa gero faɗa in ya ƙi tsira. Matarsa Hamida takan ce tun da aka kawo ta gidan ba ta taɓa ƙarasa zance ba, sai dai ta fara shi ya ƙarasa mata. To abin da ya sa labarinsa ya isa a ba da shi, wannan mutum da ya fi kowa baki a garin, shi ne aka damƙa wa tsaron shirun garin.

Mutanen Tungar Maɗaci suna da wata al'ada da babu ita a ƙauyukan da ke kewaye da su, suna ce mata Kurum. Ranar ɗaya ga watan Muharram, da zarar liman ya sallame sallar asuba, gari kaf sai ya kama bakinsa. Ba magana, ba daka, ba rediyo, ba a hura wuta. Maza su zauna a filin masallaci da ke gabashin gari, mata da yara su zauna a tsakar gidajensu. Haka za a zauna har inuwar babban maɗacin ta sauka daga bangon masallaci, wajen hantsi ke nan. Sa'an nan sanƙira ya miƙe ya buɗe wa gari baki da sallama, jama'a su amsa gaba ɗaya, kowa ya juya ya nemi gafarar na kusa da shi, a fito da furar da aka dama tun jiya a sha.

Kukan jariri ba ya ɓata Kurum, haka tari da atishawa. Zakaru ma an yafe musu, ko da yake masu tsantseni sukan kife nasu da kwando. Jakuna kuwa, da yake ba su san ya kamata ba, tun jajibere ake kora su ruga Fulani su riƙe. In ka tambayi asalin abin, wasu tsofaffi su ce zamanin yaƙe-yaƙe ne, mahara suka biyo ta gefen garin a safiyar sabuwar shekara, kakanni suka yi tsit har aka wuce su a zaton kufai ne. Wasu su ce a'a, malamin da ya kafa garin ne ya ga gulmar mutanensa ta yi yawa, ya ce su riƙa hutar da harshe ko sau ɗaya a shekara. Wanda ya zauna da mutanen Tungar Maɗaci zai fi karkata ga ta biyun.

Sai dai al'adar tana da gefenta mai ɗaci. An yi imani duk wanda ya fasa Kurum ya ɓata shekara, kuma duk masifar da ta biyo baya a kansa za a ɗora ta. Zamanin sanƙirancin Bawa, mahaifin Nasidi, kunama ta harbi wani manomi mai suna Yari ana tsakiyar Kurum, ya yi salati da ƙarfi. A shekarar aka yi fari, gero ya bushe a tsaye. Ba wanda ya doki Yari, ba wanda ya zage shi a gabansa. Daina sayen gyaɗar matarsa kawai aka yi, aka daina zama a tabarmarsa, aka riƙa janye yara in ya biyo. Kafin damina ta zagayo ya kwashe iyalinsa ya koma Kurya Madaro, can ya rasu. Nasidi yana saurayi aka yi wannan, kuma abin bai taɓa barin ransa ba.

Shi Nasidi maraya ne ta wajen uwa. Ƙanwar mahaifinsa, Gwaggo Saliha, ita ta goye shi ta yaye shi. Mace ce doguwa mai kaifin ido, wadda ta ɗauki Kurum tamkar gadon gidansu ne ita kaɗai. Da ta lura yaron nan bakinsa ba ya rufuwa, sai ta riƙa ɗaure masa baki da ɗankwali duk safiyar sabuwar shekara, ta zaunar da shi a cinyarta ta riƙe shi gam har a buɗe gari. Yana girma ya gudu Ƙauran Namoda, ya yi dakon buhunan gyaɗa da auduga a tashar jirgin ƙasa, daga baya direbobi suka gano muryarsa suka sa shi kiran fasinja. Ya ji daɗin Ƙaura ƙwarai, don a can mutum zai wuni yana ihu ba wanda zai ce masa ya isa. Rasuwar mahaifinsa ce ta dawo da shi gida, Magaji ya ba shi sanƙirancin, Gwaggo ta zaunar da shi ta karanta masa dokokin Kurum kamar bai taɓa jin su ba.

Aikin sanƙira a wannan safiya shi ne ya cire takalmi ya zagaya gari lungu-lungu, ba sanda, ba bulala, ido kawai. Bawa yakan yi zagayen fuska a murtuke. Nasidi ya zo da nasa salon. Yakan cika aljihu da dabino, in ya leƙa gida ya ga yaro ya fara motsa baki sai ya cusa masa guda, kafin ya gama tsotsa ya manta abin da zai ce. In kuma wata tsohuwa ta yi suɓul da baka ta ce "wash" garin miƙewa, nan take tari mai ƙarfi zai kama Nasidi, ya wuce abinsa bai ji komai ba. Shi ya sa ake cewa a zamaninsa ba a taɓa fasa Kurum ba. Gaskiyar magana an sha fasa shi, kunnen sanƙiran ne ke toshewa da gangan. Ya riga ya ɗaukar wa kansa alkawari ba za a sake korar mutum daga garin nan a kan kalma ɗaya ba muddin yana raye.

Kuma yana son Kurum har cikin zuciyarsa, so na gaske. Ya taɓa gaya wa Hamida cewa duk shekara shi ke shelar mutuwa, ya faɗi suna, ya faɗi lokacin jana'iza, ya wuce zuwa shelar allurar shanu ko gayyar gyaran hanya. A safiyar Kurum kaɗai yake samun sukunin tuna mutanen ɗaya bayan ɗaya, in ya zo ƙofar gidan da aka yi rashi ya ɗan tsaya ya yi musu addu'a a zuci. Hamida ta ce ita ma tana son ranar, don ita ce kaɗai safiyar da take jin kukan kurciya a gidanta.

Ana nan aka yanke Zamfara daga Sakkwato aka yi sabuwar jiha, Nasidi ya yi shelar har muryarsa ta dushe. Bayan 'yan shekaru aka ƙaddamar da Shari'a, ya sake yin shela da farin ciki, don mutum ne mai riƙo da salla. Abubuwa suka canja. Masu zuwa Ƙaura suka dawo da labarin an rufe gidajen giya, an ware wa mata motocinsu. Kiɗa da roƙo a wurin biki suka ja baya, wanda hakan ya taɓa tuwon gidan Nasidi kai tsaye, amma bai yi ƙorafi ba, ya ƙara faɗin gonarsa ta dawa. A ko'ina ana ta tankaɗe al'adu ana rairaye su, a ga wadda za ta zauna da wadda za a zubar. Ba a daɗe ba aka iso kan Kurum.

Wanda ya ɗago maganar shi ne Malam Rilwanu, ɗan garin ne da ya yi karatu a Sakkwato ya dawo yana koyar da yara da matan aure. Kada a ɗauka wani mai zafin kai ne. Saurayi ne mai ladabi, in ya haɗu da Nasidi har ƙasa yake durƙusawa. Ana saura 'yan kwanaki Muharram ya kama, Magaji Usmanu ya tara dattawa a ƙofar gidansa bayan la'asar, ya ba Malam Rilwanu dama ya yi bayani.

"Ranka shi daɗe," in ji Malam Rilwanu, "ni ban ce shiru haramun na ba. Shiru abu na mai kyau. Amma a ce wanda yay yi magana shi yak kawo hwari, shi yak kawo ciwo, wanga camhi na, kuma zalunci na. Ruwa na Allah na, ba su ga bakin kowa. Kuma mutanen ga ba don so suka yin Kurum ba, tsoro na ka riƙe da su."

Nasidi ya gyara zama. Maganar farko ta shige shi, don ita ce abin da ya daɗe yana ji a ransa. Ta biyun ce ta sosa masa rai.

"Malam, batun camhi ka yi gaskiya, ban da ta cewa. Amma ka ce tsoro na kawai, nan ban yarda ba. Ni ka zagaya garin ga, ni ka ganin huskokinsu. Mutane na son abin ga. A ɗebe tsoron a gani, wallahi da kansu za su yi shi."

Aka yi ta kai da komo har rana ta yi ja. Daga ƙarshe Magaji ya yanke hukunci. Bana za a yi shela cewa babu tilas, babu zargi, wanda ya ga dama ya yi maganarsa ba abin da zai same shi. In duk da haka gari ya yi shiru da kansa har inuwa ta sauka, to Kurum ya zauna a matsayin al'adar gari, ba ibada ba, ba camfi. In kuwa aka ji muryar babban mutum ko guda, an binne shi ke nan har abada. Malam Rilwanu ya amince, ya ƙara da cewa shi ba zai fasa ba, zai zauna da Alƙur'aninsa ya yi karatu a zuci, don kada a ce da gayya ya ɓata. Nasidi ma ya amince. Ya san bana tarin nan nasa ba zai yi aiki ba, don kunnuwa da yawa za su kasance a buɗe.

Ya yi shelar kamar yadda aka umarce shi, bai rage ko kalma ba. Bayan nan ya bi gida-gida, ba da sunan Magaji ba, da sunan kansa, yana roƙo. Sabuwar shekarar ta faɗo ranar Alhamis, ranar kasuwar Shinkafi, fatake suna ta gunaguni za su makara, ya bi su ɗaya-ɗaya ya lallashe su. Da ya je gidan Gwaggo Saliha a can ƙarshen gari ta yamma, inda take zaune ita kaɗai tun rasuwar mijinta, ko zama ba ta bari ya yi ba. Ta tsufa, ta rankwafa, amma idon yana nan.

"Ɗan Bawa, na ji abin da kunka ƙulla. Kakanka ya riƙe shi, ubanka ya riƙe shi. In yam mutu ga hannunka, kak ka sake taka ƙohwar ga."

"Ba shi mutuwa, Gwaggo, in Allah ya so."

Ranar ta zo a tsakiyar bazara, zafi tun da safe, ga wata busasshiyar iska tana kaɗawa daga gabas. Liman ya sallame, masallaci ya yi tsit. Nasidi ya cire takalmi ya shiga gari. Ya leƙa gidan farko, mata zaune kan tabarma, yara jingine da su. Ya leƙa na biyu, haka. Gidan mai shayi da rediyonsa ba ya mutuwa, shiru. Ɗaliban Malam Rilwanu da ya fi jin tsoronsu, ya same su zaune kowa da carbi. Tun da yake zagayen nan bai taɓa jin Kurum mai zurfin na bana ba, ko dabino ɗaya bai fitar daga aljihu ba. Hawaye suka cika masa ido don daɗi. Da ya waiwaya ta wani lungu ya hango bangon masallaci, inuwar ta sauko ta kusa ƙasa, abin da ya rage kaɗan ne.

Ya nufi yamma don ya ƙarasa zagaye, ya kuma nuna wa Gwaggo fuskarsa ta ga bai ba ta kunya ba. Tun kafin ya sha kwanar ƙarshe hancinsa ya ɗauki ƙauri.

Tokar da Gwaggo ta zubar a juji tun jiya ashe da sauran garwashi a cikinta. Iska ta tone shi, ya kama karan dawa da aka jingine, daga nan ya kama dangar zana. Bayan dangar kuwa rumbunan unguwar ne jere, cike da gero da dawa, har da irin da za a shuka in ruwa ya sauka. Iskar tana kora hayaƙin yamma zuwa daji, don haka mazan da ke filin masallaci ba su ga komai ba. Abin da Nasidi ya gani a wurin shi ya fi wutar tayar masa da hankali. Gwaggo ce da maƙwabtanta mata biyu, kowace da ƙwarya, suna ɗibar ruwa daga randa suna watsawa, suna komawa da gudu, fuskokinsu jiƙe da hawaye da gumi, kuma babu wadda ta ce uffan. Ga gidaje kewaye cike da mutane, katanga ɗaya ce tsakani, amma an rasa wadda za ta buɗe baki ta kira su.

Ya tuɓe riga ya shiga dukan wutar. Shi ma, a faɗi gaskiya, da farko bakinsa a rufe yake. Yana duka yana lissafi a ransa, ko ya ruga masallaci ya jawo mutane da hannu, ko ya bubbuga ƙofofi, ko a daure na ɗan lokaci tunda inuwar ta kusa sauka. Yana cikin wannan tunani jinkar rumbun farko ta kama, wuta ta yi sama da ƙara. Gwaggo ta matsa da ƙwaryarta, wani guntun zana mai ci ya faɗo mata, gefen zanenta ya kama.

Ya yi kanta ya kayar da ita, ya danne wutar da rigarsa da tafin hannunsa har ta mutu. Ƙafarta ta ƙone daga idon sawu zuwa gwiwa. Tsohuwar nan ta cije leɓe har ya fashe, ko nishi ba ta yi ba. Da ta ga ya ja numfashi ya cika ƙirji, ta gane abin da zai yi. Ta miƙa hannu ta toshe masa baki, tana girgiza kai, tana nuna masa gabas da ido, wai ya jira inuwa.

Nasidi ya dube ta. Ya dubi rumbu na biyu da ya fara hayaƙi, da ɗakunan ciyawa da ke bayansa inda yara ke zaune. Ya kama hannun nata a hankali ya sauke shi daga bakinsa. Sa'an nan ya miƙe tsaye, ba riga, ya dafe kunne.

"Gobara! Jama'a, gobara! Ku hito! Yamma ga gari, gidan Gwaggo! Ku kawo ruwa!"

An ce har a ruga shanu sai da suka zabura. Filin masallaci ya tashi gaba ɗaya, ƙofofi suka buɗe, mata suka fito da tuluna, maza da fartanya da ganye, Fulani suka rugo ta fadama. Malam Rilwanu yana cikin na gaba, ya hau rumbu na uku yana yaye jinkarsa da hannu. Kafin azahar an kashe wutar. Rumbu biyu sun tafi, da danga, da ɗakin girkin Gwaggo. Sauran rumbunan da irin shuka sun tsira, ba a rasa rai ba. Motar da za ta kai fatake kasuwa ita ta ɗauki Gwaggo zuwa asibiti a Shinkafi. Ba wanda ya lura da lokacin da inuwa ta sauka daga bango, furar ma sai da yamma aka tuna da ita.

Washegari aka sake taruwa a ƙofar Magaji. Nasidi ya zo hannuwansa biyu naɗe da tsumma. Kafin kowa ya yi magana Malam Rilwanu ya nemi izini.

"Ranka shi daɗe, ni nag ga abin da ban zata ba. Gari ya yi shiru da kainai, ba wanda yat tilasta. Kiran da Baba Sanƙira yay yi lalura ta, ba a lissahwa ta. Ni na janye. In an ɗebe camhi, a bar mutane da al'adarsu."

Dattawa suka yi ta gyaɗa kai, Magaji ya saki fuska. An miƙo wa Nasidi abin da ya yi kwanaki yana roƙo gida-gida, ba abin da ya rage sai ya ce madalla. Ya sunkuyar da kai ya dubi hannuwansa. Da ya ɗago, muryarsa ƙasa-ƙasa take, har sai da na nesa suka matso.

"Malam, Allah shi saka da alheri. Amma kai kaz zan da gaskiya tun hwarko, ni nab ɓata. Na yi shela da bakina babu zargi, kowa ya ji. Dud da haka na iske mata ukku gaban wuta, ɗaya tana ƙonewa, an rasa mai cewa a taimaka. Ni kaina sai da nit tsaya ina shawara, rumbu na ci. Tsoron ga ba shi hita da shela, ya riga ya shiga jini. Bana Allah ya sa ina kusa. Baɗi hwa? An yi magana gaban Magaji, in anka ji murya an binne shi. An ji murya, tawa ta. A bar shi inda yak kwanta."

Wasu dattawa suka yi ta ba shi baki, wani har da kuka. Bai canja ba. Ya ce shi dai ba zai sake cire takalmi ya tsare wa mutane baki ba, kuma ba zai koya wa kowa ba. Daga ƙarshe Magaji ya ce to sai Nasidi ya sanar da gari. Da yammar nan Nasidi ya zagaya da shelar cewa daga bana an daina Kurum a Tungar Maɗaci. Ya yi ta da cikakkiyar murya a kowace mararraba, kamar yadda yake yin kowace shela. Da ya dawo gida ya shige ɗaki, Hamida ta ajiye masa tuwo, tuwon ya kwana a rufe.

Ba kowa ne ya yaba masa ba. Akwai masu cewa ya sayar da gadon gidansu, akwai masu cewa da ya ƙara haƙuri kaɗan da an tsira da duka biyun. Damina ta yi kyau a shekarar, shi ya rufe bakin masu jiran su ga masifa. Amma ni a ganina ko da fari aka yi, abin da ya yi daidai ne, kuma ba kowane namiji ne zai iya kashe abin da yake so da hannunsa alhali an ba shi hanyar tsira da shi ba.

Gwaggo Saliha ta dawo daga Shinkafi bayan an yi shuka, tana dogara sanda. Nasidi ya riga ya gyara mata danga, ya sake ɗakin girki, ya zuba mata gero daga rumbunsa. Ta shiga gidan ta ga aikin, ba ta ce komai ba. Da ya zo gaishe ta ya durƙusa a bakin ƙofa, sai ta juya fuska ga bango. Ta cika maganarta, har ta ƙara da nata, don daga ranar ba ta sake yi masa magana ba. Tana hira da Hamida, tana wasa da jikoki, tana ciniki da masu nono har da faɗa, amma da ta ji takunsa sai ta ɗinke baki. Shi kuwa tunda an hana shi taka ƙofa, sai ya riƙa tsayawa daga waje. Kullum in ya fito masallaci da safe zai bi ta yamma, ya tsaya bayan danga ya ɗaga murya.

"Gwaggo, an kwana lahiya? Ya ƙahwa?"

Shiru. Ya ɗan jira, ya ji motsin sandarta ko tarinta daga ciki, ya ce "To madalla," ya ajiye goro a kan turmi ya wuce gona. Rani da damina haka yake yi, unguwar har ta saba, in ya makara sai a fara tambaya ko lafiya.

Abin ya dami Hamida, don tana ganin yadda yake dawowa wani lokaci idonsa ja. Wata safiya yana ɗaura wa jaki mangala ta kasa daurewa.

"Malam, wai ba ka gajiya? Tsohuwar ga ta riƙe ka ga rai, ko kallo ba ka samu. In da ni ta, da na yi da-na-sanin buɗe baki."

Nasidi ya ja igiyar mangala ya ɗaure.

"Yana yi mani zahi, Hamida, ba ni ɓoye maki. Ita ta goye ni. Amma bar ta ta yi hushinta. Da na yi kurum ran nan, da yanzu wa ka gare ni da za shi yi hushi da ni?"

Ya kora jakinsa suka fita.